Aiki a Kano, Fansho a Dutse: Ma'aikacin Da Aka Raba Jiha a Kansa

Ranar 27 ga Agusta 1991, ranar da Janar Ibrahim Babangida ya cika shekara shida a kan mulki, aka ba da sanarwar ƙirƙiro sababbin jihohi tara a Nijeriya. A cikinsu akwai Jigawa, wadda aka yanka daga Jihar Kano aka sa hedkwatarta a Dutse, aka kuma turo Kanar Olayinka Sule ya riƙe ta. Mutanen Kazaure da Roni da Gwiwa da Ɓaɓura sun shiga watan Agusta suna 'yan Kano, suka fita daga cikinsa suna 'yan Jigawa. Manomi bai ga wani canji ba, gama gonarsa tana nan inda take, geronsa kuma bai fasa fid da kai ba. Wanda abin ya taɓa nan take shi ne ma'aikacin gwamnati: malamin makaranta, malamin asibiti, duba-gari, akawu, direba da masinja.

Mai karatu zai ce, to, mene ne na tono maganar da ta wuce shekara talatin? Dalili shi ne lissafi. Ƙa'idar aikin gwamnati ta ce mutum ya yi ritaya in ya cika shekara 60 da haihuwa ko shekara 35 yana aiki, duk wadda ta riga zuwa. Wanda aka ɗauka aiki a 1991, shekararsa ta 35 tana cika a 2026. Watau rukunin ƙarshe na waɗanda tsohuwar Jihar Kano ta ɗauka, aka kuma miƙa su ga Jigawa, su ne ke bakin ƙofar fita, in ban da malaman makaranta a inda aka karɓi dokar 2022 wadda ta ƙara musu wa'adi zuwa shekara 65 ko 40 na aiki. A bakin ƙofar nan ne kuwa ake buɗe tsohon fayil, a nan ne duk wani kuskuren da aka yi a 1991 yake tashi ya tare wa mutum hanya.

Yadda aka raba

Ma'aunin da aka yi amfani da shi ɗaya ne: asalin mutum. Ba a duba inda kake aiki ba, ba a duba inda ka gina gida ko inda 'ya'yanka ke karatu ba. An duba ƙaramar hukumar da ke rubuce a fayil ɗinka. In ta faɗa cikin Jigawa, sai ka tattara. Ma'aikatan ƙananan hukumomi, har da malaman firamare waɗanda a shekarar suke hannun ƙananan hukumomi, yawancinsu ba su motsa ba, jiha ce ta zo ta same su a inda suke. Amma ma'aikatan jiha, musamman waɗanda ke manyan ma'aikatu a birnin Kano, su ne suka ga tashin hankali.

Dutse a lokacin hedkwatar ƙaramar hukuma ce kawai. Ba gidajen haya da za su ɗauki wannan taro, ba isassun ofisoshi. Saboda haka shekara da shekaru ma'aikata da yawa suka bar iyalinsu a Kano, suna sammako zuwa Dutse suna komowa da yamma, ko kuwa su tafi Litinin su dawo Juma'a. Ga mutumin yankinmu abin ya fi ban mamaki. Kazaure tana kan hanyar Kano zuwa Daura, in ka wuce Ɗambatta. Hanyar da aka saba bi daga Kazaure zuwa Dutse ta cikin Kano take ratsawa. Ashe an mai da mutum "gida", amma gidan ya fi masa nisa da inda aka ce shi baƙo ne. Ɓaɓura kuwa, kafin a ba ta ga masarautar Ringim, a ƙarƙashin masarautar Kano take, ita da Ɗambatta zumunta ce ta jini da auratayya. Ga wa da ƙane, uwa ɗaya uba ɗaya, ɗaya ya rubuta Ɗambatta a takardar neman aiki domin can aka haife shi, ɗaya ya rubuta Ɓaɓura domin can mahaifinsu ya fito. Layin da aka ja ya ratsa tsakiyar gida.

Ba mu ne farko ba. Maƙwabtanmu na Daura da Baure da Ingawa sun riga mu gani a 1987, sa'ad da aka fid da Katsina daga Jihar Kaduna, ma'aikata suka bar gidajensu a Kaduna da Zariya.

Ƙofar kotu a rufe

Wani zai tambaya, me ya hana wanda aka tura ba da sonsa ba ya kai ƙara? Amsa ita ce zamanin. Da dokar soja aka ƙirƙiro jihohin, da ita aka ba da ikon raba ma'aikata da dukiya. Tun 1984 kuwa gwamnatin Janar Muhammadu Buhari ta kafa Doka ta 13, wadda ta hana kowace kotu sauraron ƙarar da ke ƙalubalantar dokar soja ko abin da aka yi a ƙarƙashinta. A shekarar har wa yau aka kafa Doka ta 17, wadda ta ba hukuma ikon sallamar ma'aikaci ko yi masa ritayar dole, ta kuma ɗaure hannun alƙali. Waɗannan dokoki suna aiki a 1991. Ma'aikacin da ya ɗaga murya ya san abin da ke jiransa.

Abin lura, kafin sojoji su rufe ƙofar, Kotun Ƙoli ta riga ta buɗe ta. A 1981, cikin shari'ar Shitta-Bey, wani lauya na Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya wanda aka yi wa ritaya ba bisa ƙa'ida ba, kotun ta ce ma'aikacin gwamnati ba baran wani ba ne da za a kora sa'ad da aka ga dama. Aikinsa a kan doka yake tsaye, in an cire shi ba ta hanyar doka ba, sai a mai da shi. A 1985 ta ƙara jaddada wannan a shari'ar Olaniyan da Jami'ar Legas. Da mulkin soja ya ƙare a 1999, waɗannan hukunce-hukunce suka sake samun ƙarfinsu, su ne kuwa tushen da lauyan ma'aikaci yake tsayawa a kai har yau.

Amma fa kada wani ya ɗauka zai iya zuwa kotu yanzu ya ce a soke turawar da aka yi masa a 1991. Wannan ruwa ya riga ya wuce. Rigimar da ta rage ita ce ta abin da ya biyo baya: shekarun aiki, matsayi, asali da fansho.

Hawa uku na sauyin aiki

Mutane kan haɗa abubuwa uku su kira su da suna ɗaya, taransifa, alhali a wurin doka ba ɗaya suke ba. Akwai turawar da ke biyo bayan raba jiha, wadda ba a neman yardar ma'aikaci, amma aikinsa bai yanke ba, shekarunsa na baya suna binsa. Akwai sauyin da mutum ya nema da kansa daga wata jiha zuwa wata. Wannan sai an tabbatar da shi a aiki, watau ya gama shekara biyu na gwaji, sai hukumar kula da ma'aikata ta jihar da zai bari ta sake shi a rubuce, ta jihar da zai koma ta karɓe shi a rubuce. In takarda ɗaya ta ɓace cikin biyun nan, wata rana za a ce masa ba sauyi ya yi ba, ajiye aiki ya yi ya kama sabo, shekarun baya sun tafi. Na uku shi ne aro, inda ake ba da mutum na ɗan lokaci amma sunansa yana nan a littafin gidansa na farko. Da yawa sun zauna a matsayin aro har suka tsufa, ba su sani ba.

Canjin wuri a cikin jiha ɗaya kuwa wata magana ce dabam, ba kasafai kotu ke shiga cikinta ba. Mun gani a zamanin Gwamna Ibrahim Saminu Turaki, wanda ya yi mulki daga 1999 zuwa 2007, sa'ad da aka rarraba ma'aikatun jiha zuwa hedkwatocin masarautu, sa'an nan Gwamna Sule Lamido ya komo da su Dutse bayan ya hau a 2007. Ma'aikata sun ɗaura kaya sun kwance sau biyu, amma ba wanda shekararsa ta aiki ta ragu.

Wane ne ɗan jiha?

A nan ne gizo ke saƙa. Tsarin Mulki na 1999 yana magana da baki biyu. Sashe na 42 ya hana a nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda ƙabilarsa ko garin asalinsa ko jinsinsa ko addininsa ko ra'ayinsa na siyasa. Sashe na 15 ya ɗora wa gwamnati ta tabbatar wa kowa cikakken 'yancin zama a ko'ina cikin ƙasar. Amma sashe na 14 ya ce a yi rabon muƙamai yadda kowane yanki zai samu, sashe na 318 kuma, wajen bayyana wanda yake na wata jiha, ya koma ga iyaye da kakanni, bai koma ga wurin haihuwa ko wurin zama ba. Ga kuma sashe na 6, wanda ya ce ba a kai gwamnati ƙara a kan babin da sashe na 15 yake ciki. Saura sashe na 42 kaɗai a hannun ma'aikaci.

Mata ne suka fi shan wuyar wannan. Mace 'yar Kunci ko Makoɗa da ke aure a Roni, ko 'yar Gwiwa da ke aure a birnin Kano, ta ina ce? Al'ada ta ce ta gidan mijinta ce. Ƙa'idojin Hukumar Raba Daidai ta Tarayya, wadda aka kafa a 1996, sun ce wajen rabon muƙaman tarayya matar aure tana nan a jihar iyayenta. Sai ta zama baƙuwa a gidan miji, a gidan uba kuma a ce ai ta yi aure ta tafi.

Kada a ce ƙananan ma'aikata kaɗai wannan ke ci. A Nuwamba 2012 Babbar Mai Shari'a ta Ƙasa, Aloma Mariam Mukhtar, ta ƙi rantsar da Mai Shari'a Ifeoma Jombo-Ofo a Kotun Ɗaukaka Ƙara, domin an kawo ƙorafi cewa asalinta Anambra ne, aure ne ya kai ta Abiya, inda ta daɗe tana alƙalanci. Sai da Majalisar Dattawa ta sa baki kafin aka rantsar da ita cikin watan. A 2020 majalisar Jihar Kuros Riba ta ƙi amincewa da Mai Shari'a Akon Ikpeme ta zama babbar alƙaliyar jihar, ko da yake a Kalaba aka haife ta, a can ta yi aiki, mijinta kuma ɗan jihar ne, domin tushen gidansu ya faɗa Akwa Ibom a rabon 1987. Sai a 2021 aka rantsar da ita. In alƙalai sun sha wannan, ina ga ungozoma a asibitin ƙauye?

Gemun Abiya

Rana ɗaya aka haifi Jigawa da Abiya, ita daga Jihar Imo aka fid da ita. A 2011, bayan Shugaba Goodluck Jonathan ya sa hannu a dokar mafi ƙarancin albashi na Naira 18,000, gwamnatin Theodore Orji ta fid da takarda cikin Agusta cewa daga 1 ga Oktoba duk ma'aikacin da ba ɗan asalin Abiya ba an "mai da shi" jiharsa. Mutane wajen 4,000 abin ya shafa, yawancinsu daga jihohin da ke maƙwabtaka, da yawa kuma malaman makaranta. Gwamnatin ta ce kuɗi ne ba su isa ba, ta kuma ce maƙwabtanta sun taɓa yi wa 'yan Abiya haka.

Sunan da aka ba abin sauyin aiki ne, amma mai karatu ya tuna da abin da muka faɗa a baya: sauyi yana bukatar mai saki da mai karɓa. A nan akwai mai saki, babu mai karɓa, gama ba wata doka da ta tilasta wa wata jiha ta ɗauki mutum domin kawai kakansa daga can ya fito. Ni a ganina wannan kora ce aka sa mata babbar riga. Waɗanda abin ya shafa sun dogara da sashe na 42 wajen neman hakkinsu, a ƙarshen 2013 kuma gwamnatin ta ce su sake neman komawa. Amma shekara biyu ba albashi ba ƙaramin abu ba ne ga mai iyali. Gemun ɗan'uwanka in ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. A makarantu da asibitocin yankinmu akwai 'yan Kano da 'yan Katsina da mutanen kudu, a Kano kuma akwai 'ya'yanmu. Duk ranar da albashi ya yi wa wata gwamnati nauyi, wani mai ba da shawara zai tuna da Abiya.

Inda ake kai kuka yanzu

Gyaran Tsarin Mulki na uku, wanda ya fara aiki a 2011, ya ƙara sashe na 254C, ya ba Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ita kaɗai ikon sauraron rigimar aiki, albashi, garatuti da fansho. Tana da reshe a Kano. Wanda ya kai irin wannan ƙara babbar kotun jiha ya ɓata kuɗinsa da lokacinsa. In kuwa rigimar tsakanin jiha da jiha ce, kamar wa zai ɗauki bashin wa, to sashe na 232 ya ce kai tsaye Kotun Ƙoli ake zuwa, kamar yadda Ondo da Ekiti suka yi a kan rabon dukiya har aka yanke hukunci a 2001. Ma'aikaci shi kaɗai ba ya da shiga a wannan zaure, sai dai ya jira a waje.

Akwai kuma tarkon lokaci. Dokar kāre jami'an gwamnati ta ce wanda zai kai jami'i ƙara a kan abin da ya yi a bakin aiki, ya yi haka cikin wata uku. Kotun Ƙoli ta taɓa yanke cewa wannan wa'adi bai shafi yarjejeniyar aiki ba, amma bayan haka an sami hukuncin da ya bi wata hanya, lauyoyi kuma suna ta ja a kai. Mai hankali ba zai jingina abincin 'ya'yansa da gardamar lauyoyi ba. Mutanenmu sukan yi shekara suna bin manya, yau gidan hakimi, gobe gidan ɗan majalisa, kafin su tuna da kotu. Neman sulhu abu ne mai kyau, amma a rubuta takardar ƙorafi tun ranar farko, a sa a buga hatimin karɓa a kan kwafin da za a riƙe.

Maganar fansho

Sashe na 210 ya ce ba a riƙe fanshon ma'aikacin jiha, ba a kuma canza shi ta yadda zai cutu sai yadda doka ta yarda, a kuma riƙa sake duba shi kowace shekara biyar ko duk lokacin da aka gyara albashi. A takarda ke nan. A aikace, mutumin da aka ɗauka kafin 1991 ya ratsa tsari fiye da ɗaya. Ya fara a ƙarƙashin dokar fansho ta 1979, wadda gwamnati kaɗai ke biya. Jigawa ta kafa nata asusun da ake yankar wani kaso daga albashi a 2001, tun kafin Gwamnatin Tarayya ta yi nata gyaran a 2004, Kano kuma ta kafa nata a 2006. Tsofaffin da suka kama aiki kafin 1976 ma suna da wani kaso da Tarayya ke biya ta hannun hukumar PTAD a Abuja. Duk wannan lissafi a kan abu ɗaya yake tsaye: ranar da aka fara ɗaukarka aiki. In ranar ta tabbata, shekarunka na Kano suna cikin lissafi. In ba ta tabbata ba, akawu zai fara ƙirga daga takarda mafi tsufa da ya gani a gabansa.

Ina goye sa'ad da aka raba jihar, saboda haka abin da na gani da idona na ƙarshen labarin ne. Kawuna malamin asibiti ne, yana cikin waɗanda aka tura. Da lokacin ritayarsa ya matso, aka buɗe fayil ɗinsa aka tarar takardar farko da ke ciki ita ce ta turawa. Ta ɗaukar aiki babu, ta tabbatarwa babu. Ofishin da ya baro ya ce an aika da komai tun tuni, ofishin da ya koma ya ce abin da ya iso ke nan. Muka koma gida muka buɗe adakar da ya ajiye nasa kwafin, ashe gara ta riga mu. Ba na ɗora wa kowa laifi, gama a hargitsin watannin nan an yi ta loda fayiloli a bayan mota, shi ma kuma bai taɓa leƙa adakar ba.

Ni na riƙa raka shi. Abin da ya cece shi abu uku ne, na kuma rubuta su nan domin wanda ke da irin wannan matsala. Na farko, gazet ɗin gwamnati, inda a zamanin dā ake buga sunayen waɗanda aka ɗauka aiki da waɗanda aka tabbatar da waɗanda aka ƙara wa girma. Wani tsohon akawu ne ya tuna mana da shi, muka yi kwana biyu muna buɗe tsofaffin kundaye har muka ga sunansa. Na biyu, takardar ƙarin girma da aka ba shi kafin rabon, wadda ta tsira domin matarsa ta naɗe ta cikin leda tare da katin awon yara. Na uku, wani abokin aikinsa da aka ɗauke su rana ɗaya, wanda takardarsa ke ɗauke da jerin sunaye har da na kawu. Da waɗannan aka rubuta wa hukumar kula da ma'aikata, ba mu kai ga kotu ba.

Duk da haka gyaran ya ci kusan shekara guda, a tsawonta kuwa albashi ya tsaya, fansho bai fara ba. Da gona da taimakon 'yan'uwa aka ci tuwo. Abokin nasa da ya ara mana takarda shi ma daga baya aka ce sunan ƙaramar hukumarsa ya saɓa a wurare biyu, domin sa'ad da aka ɗauke shi aiki ƙauyensu yana ƙarƙashin Kazaure, kafin a ƙara yawan ƙananan hukumomin Jigawa su kai 27. Sai da ya je ya karɓo sabuwar takardar shaidar asali, da sa hannun dagaci da hakimi, kafin aka ci gaba da lissafinsa.